Darasi na 14: Igiyar Ruwa da Kwararar Teku

Gaɓar tekun Nijeriya ta kai kimanin kilomita 853, tun daga Badagiri a iyakarmu da Jamhuriyar Benin har zuwa jihar Kuros Riba a iyakarmu da Kamaru. Da yawa daga cikinku kun taɓa tsayawa a bakin wannan teku. Wasunku ma a can aka haife ku, kuma iyayenku da kwalekwale suke neman abinci. Amma harshen da kuke koyo a wannan littafi ya girma ne nesa da teku, domin daga Kano zuwa Legas, wadda Hausawan da can suke kira Ikko, tafiyar kimanin kilomita 1,000 ce a mota. Saboda haka a darasin yau za ku koyi yadda ruwan teku yake motsi, za ku kuma ga yadda Bahaushe ya ɗauko sunayen abubuwan da ya sani a tudu ya raɗa wa abin da ya tarar a ruwa.

Abu ɗaya, suna uku

Wannan tudun ruwa da kuke gani yana tahowa daga nesa, ya zo ya fashe a kan yashi da kumfa, yana da suna uku a Hausa. Ana ce masa igiyar ruwa, ana ce masa raƙumin ruwa, ana kuma ce masa taguwar ruwa. Taguwa ita ce macen raƙumi. Duk wanda ya taɓa ganin ayarin raƙuma sun jeru, tozo na bin tozo, ya san dalilin waɗannan sunaye biyu na ƙarshe. Suna na farko kuwa ya fi su zurfi, kuma da shi za mu yi aiki.

Ku sami doguwar igiya, ku ɗaure bakinta ɗaya a jikin bishiya, ku ƙulla tsumma a tsakiyarta, sannan ku riƙe ɗaya bakin ku kaɗa shi sama da ƙasa. Za ku ga wani tudu ya tashi daga hannunku yana gudu har ya isa bishiyar. To, ina tsumman? Yana nan inda kuka ƙulla shi. Ya yi sama, ya yi ƙasa, amma bai matsa kusa da bishiya ba ko da taƙi ɗaya. Abin da ya yi tafiya shi ne ƙarfin da hannunku ya zuba a cikin igiyar.

Haka al'amarin yake a teku. Idan kun ga gora tana yawo a kan ruwa nesa da gaɓa, ku lura da ita. Igiyar ruwa za ta zo ta ɗaga ta, ta ɗan tura ta gaba, ta sauke ta, ta ɗan dawo da ita baya, sannan ta wuce abinta. Gorar ta yi kewaye guda, ta koma kusan inda take. Ruwan da ke ƙarƙashinta ma kewayen yake yi, sai dai kewayen yana ƙanƙancewa gwargwadon zurfi, har a kai wurin da motsin ba ya isa. Shi ya sa mai ninƙaya da ya nutsa can ƙasa yakan tarar da ruwa kwance, alhali kuwa a sama ana ta fama.

Yadda ake auna ta

Wurin da igiya ta fi tashi sama shi ne tozonta, wurin da ta fi faɗawa ƙasa kuma shi ne kwarinta. Daga kwari zuwa tozo, a miƙe, shi ne tsayin igiya. Daga tozo ɗaya zuwa tozon da ke bin sa, a kwance, shi ne tsawon igiya. Ku kiyaye da waɗannan kalmomi biyu, tsayi da tsawo, domin ɗalibai sun cika rikita su, kuma a wannan darasi ba abu ɗaya suke nufi ba. Akwai kuma zangon igiya, wato daƙiƙun da suke wucewa tsakanin isowar tozo ɗaya da isowar na bayansa. Wannan shi ne mafi sauƙin aunawa: agogo kawai kuke bukata, da wani dutse ko turke da ke tsaye a cikin ruwa.

Idan kun san tsawo kun san zango, to kun san gudu. Ku raba tsawon da zangon. A ruwa mai zurfi, igiyar da zangonta ya kai daƙiƙa 10 tsawonta yakan kai kimanin mita 156. Mita 156 a raba da daƙiƙa 10 ya ba mu mita 15.6 a kowace daƙiƙa, wato kusan kilomita 56 a awa ɗaya, gudun motar haya a kan titi mai kyau. Igiyar da zangonta daƙiƙa 5 ne kawai, rabin wannan gudu take yi. Ke nan a tsakiyar teku doguwar igiya tana tsere wa gajeriya.

Daga ina suke zuwa?

Iska ce uwar mafi yawansu. Tana shafar fuskar ruwa, sai ruwan ya yamutse kaɗan. Da zarar ya yamutse, iskar ta sami abin turawa, sai ƙananan tuddan su yi ta girma. Girman da za su kai ya danganta ga ƙarfin iskar, da daɗewar da ta yi tana kaɗawa, da kuma faɗin ruwan da ta bi ta kansa ba tare da wani abu ya tare ta ba. Wannan na ƙarshe shi ne ya sa ko an yi guguwa mai tsanani, ba za ku ga igiya mai tsayin bene a tafkin Kainji ko a kududdufin unguwarku ba. Filin bai isa ba.

Ga wani abin da yakan ba baƙi mamaki a Legas. Sai a wayi gari sama garau, ko ganye ba ya motsi, amma teku na ta ruri, manyan igiyoyi suna zuwa a jere a jere. Waɗannan baƙi ne daga nesa. An haife su ne a cikin guguwar kudancin Tekun Atilantika, dubban kilomitoci daga nan, suka yi kwanaki suna tafiya. A kan hanya dogaye suka wuce gajeru, shi ya sa suke isowa a tsare kamar sahun masallata. Sun fi ƙarfi daga watan Yuni zuwa Satumba, lokacin da kudancin duniya ke cikin hunturu, mu kuma muna cikin damina. Masunta sun san waɗannan watanni sarai, kuma a cikinsu ne fita da kwalekwale daga gaɓa ya fi haɗari.

Abin da ke faruwa a gaɓa

Igiya tana tafiya lafiya har sai zurfin ruwa ya ragu ya kai rabin tsawonta. Daga nan sai ta fara jin ƙasa. Gudunta ya ragu, na bayanta su matso, tsawonta ya gajarce, tsayinta ya ƙaru. A ƙarshe tozon ya fi gindin sauri, sai ya kifa gaba kamar mai gudun da ya yi tuntuɓe. Igiya mai tsayin mita 1.5 takan fashe a inda zurfin ruwa ya kai kimanin mita 2. A nan ne duk ƙarfin da ta ɗauko daga kudancin duniya yake sauka a kan yashi, kuma a nan ne ruwan kansa yake fara tafiya gaba da gaske.

Igiyoyin da ke zuwa gaɓarmu daga kudu maso yamma suke fitowa, saboda haka a karkace suke bugun gaɓa. Kowace ɗaya takan tura yashi sama a karkace, ya gangaro a miƙe, ta bayanta ta sake tura shi. Da haka yashi yake rarrafawa daga yamma zuwa gabas, daga gaɓar Gana da Togo da Benin zuwa tamu, dare da rana, shekara da shekaru. Muddin abin da ke shigowa ya yi daidai da abin da ke fita, gaɓa tana nan yadda take.

Tarihin Legas ya nuna abin da ke biyo baya idan aka tare wannan hanya. Tsakanin 1908 da 1912, gwamnatin mulkin mallaka ta gina dogayen katangun duwatsu da suka miƙe cikin teku a bakin mashigar tashar jiragen ruwa, don kada yashi ya toshe wa manyan jirage hanya. Bukata ta biya, jirage suka riƙa shiga. Amma katangar yamma ta tare yashin da ke tahowa, ya yi ta taruwa a bayanta, gaɓar da ke gabas kuwa, wato Bar Beach ta tsibirin Victoria, ta daina samun rabonta. Igiyoyi ba su daina kwashe wanda ke wurin ba. Shekara bayan shekara teku ya yi ta cin ƙasa, gwamnatoci suna zuba yashi yana tafiya da shi, har ta kai ruwa na hawa kan titin Ahmadu Bello yana shiga gine-gine. Daga wajen shekarar 2008 aka fara cike wurin don gina sabon birnin Eko Atlantic, tare da katangar kariya da aka tsara tsawonta ya kai kilomita 8.5. Titin ya tsira. Sai dai mazauna ƙauyukan gaɓar Lekki, da ke gabas da wurin, suna kukan cewa yanzu tasu ƙasar ce teku ke ci. A garin Ayetoro na jihar Ondo ma teku ya riga ya haɗiye gidaje masu yawa. Duk injiniyan da zai gina wani abu a bakin teku, wajibi ne ya fara tambayar kansa inda yashin yake fitowa da kuma wanda ke jiran sa a gaba.

Ruwan da ke komawa

Wannan sashe ku karanta shi sau biyu. Ruwan da igiyoyi suka tara a gaɓa dole ne ya koma teku, kuma sau da yawa yakan tattaru ya fita ta wata siririyar hanya da gudu mai tsanani, wani lokaci fiye da mita 2 a daƙiƙa. Gwanin ninƙaya na duniya ma ba zai iya tsere masa ba. Mugun abin shi ne wurin yakan yi kama da mafi aminci: ruwan ya fi duhu, babu kumfa sosai, igiyoyi ba sa fashewa a nan kamar yadda suke yi a dama da hagu. Sai yaro ya ce ga wuri mai lafiya, ya faɗa.

Wannan ruwa ba ya jan mutum ƙasa, waje yake fita da shi. Abin da ke kashe mutane shi ne tsoro da gajiya, domin suna ƙoƙarin komawa gaɓa kai tsaye, suna kokawa da abin da ya fi ƙarfinsu. Idan ya ɗauke ku, kada ku yi gardama da shi. Ku kwanta a kan ruwa ku numfasa, ku ɗaga hannu a gan ku, ku yi iyo a gicciye, wato ku bi tsawon gaɓa, har ku fita daga siririyar hanyar, sannan ku nufi tudu. Hausawa na cewa iya ruwa fid da kai. Wanda bai iya iyo ba kuwa, kada ya bar ruwan teku ya wuce gwiwarsa, kuma kada ya shiga ceton wani sai da igiya ko wani abu mai yawo a kan ruwa da zai jefa masa.

Cika da janyewa, da kuma sunami

Akwai igiyoyi biyu da ba iska ce ta haife su ba. Ta farko ita ce cikar teku da janyewarsa, wadda jan wata da na rana suke haddasawa. A gaɓarmu teku yakan cika sau biyu ya janye sau biyu a kwana guda, kuma tsakanin cika da cika akwai kimanin awa 12 da minti 25. Saboda haka kullum lokacin cikar yana jinkirta da kusan minti 50. Mai lissafin kwanan wata irin na Hijira yana da sauƙi a nan: cikar ta fi girma a wajen tsayuwar wata da kuma wajen daren sha huɗu, lokacin da rana da wata da duniya suke kan layi ɗaya. A Legas bambancin cika da janyewa kimanin mita 1 ne, amma yana ƙaruwa idan aka nufi gabas, har ya kai wajen mita 3 a Kalaba.

Ta biyu ita ce sunami, wadda girgizar ƙasa a ƙarƙashin teku take tayarwa. A tsakiyar teku tsayinta ba ya da yawa, jirgi ma zai iya haye ta bai sani ba, amma gudunta yakan kai kilomita 700 a awa. Wadda ta tashi kusa da tsibirin Sumatra na Indonesiya ranar 26 ga Disamba, 2004, ta hallaka mutane kimanin 230,000, ta kuma ƙetare Tekun Indiya ta kashe mutane har a Somaliya. Gaɓarmu tana nesa da wuraren irin wannan girgiza.

Koguna a cikin teku

Mun ce a cikin igiya ruwa ba ya tafiya. A cikin kwararar teku kuwa ruwan ne da kansa yake ƙaura, kamar kogin da ba shi da gaɓa, ya yi dubban kilomitoci. Iskokin da ke kaɗawa ta fuska ɗaya duk shekara su ne suke jan ruwan sama. Juyawar duniya tana karkatar da shi, zuwa dama a arewacin duniya, zuwa hagu a kudancinta. Nahiyoyi kuma suna tare shi su juya shi. Haɗuwar waɗannan ita ce ta sa ruwan manyan tekuna yake kewayawa kamar furar da ake damawa a ƙwarya. Can ƙasa kuma akwai wata kwarara mai nawa: ruwa mai sanyi da gishiri ya fi nauyi, sai ya nutse kusa da ƙarshen duniya na arewa da na kudu, ya bi ƙasan teku a hankali. Kewayensa ɗaya yakan ɗauki kimanin shekara 1,000.

Tamu ita ce Kwararar Gini, mai ɗumi, wadda ke bin gaɓar Afirka ta Yamma daga yamma zuwa gabas. Tana da maƙwabta biyu masu sanyi. Kwararar Kanari tana gangarowa kudu ta gaɓar Maroko da Muritaniya da Sanagal, Kwararar Bengela kuma tana haurowa arewa ta gaɓar Namibiya da Angola. Ku duba taswira, za ku ga cewa a gefen kowace ɗaya daga cikin biyun nan hamada ce. Ruwa mai sanyi yana sanyaya iskar da ke kansa, iska mai sanyi kuwa ba ta tashi sama ta haɗa hadari. Sai dai hazo da safe. Garin Walvis Bay na Namibiya a bakin teku yake, amma ruwan saman da yake samu a shekara ba ya kai milimita 25. Kalaba, wadda ke bakin ruwa mai ɗumi, tana samun kusan milimita 3,000.

Abin da sanyin ya hana ƙasa, ya ba teku. A waɗannan wurare iska tana ture ruwan sama daga gaɓa, sai na ƙasa ya taso ya maye gurbinsa, ɗauke da taki irin wanda ya daɗe yana taruwa a zurfi. Ƙananan tsirrai da ido ba ya gani su yawaita, ƙananan kifaye su zo ci, manya su biyo su. Gaɓar Muritaniya da ta Namibiya suna cikin wuraren da suka fi arzikin kifi a duniya, kuma wani kaso na kifin ƙanƙara da ake sayarwa a kasuwanninmu daga irin waɗannan ruwaye yake zuwa. A gaɓar Gana ma ruwan sanyi yakan taso daga Yuli zuwa Satumba, kuma wannan ne babban lokacin kamun kifinsu. Sanyin da Mashigin Tekun Gini yake yi a wannan lokaci yana cikin dalilan da suka sa ruwan sama yakan ɗan ɗauke a kudu maso yammacin Nijeriya a watan Agusta, daidai lokacin da damina ta kankama a Arewa. Damshin da ke zama ruwan gero da dawa a Kano da Katsina, yawancinsa daga wannan teku iskar damina take ɗauko shi.

A can arewacin Atilantika akwai Kwararar Mashigin Meziko, wadda ruwan da take ɗauke da shi ya fi na dukan kogunan duniya a haɗe. Ɗumin da take kaiwa Turai yana cikin abin da ya sa tashoshin jiragen ruwan Norway ba sa daskarewa da hunturu, alhali gaɓar Labrador ta Kanada, wadda ba ta kai su arewa ba, ƙanƙara ce ke rufe ta.

Kwarara ba ta zaɓen kaya. Tun daga 2011 take kawo tarin wata ciyawar teku mai launin ƙasa-ƙasa, da ake kira sagasum, gaɓar Afirka ta Yamma, inda take cika tarun masunta ta kuma ruɓe a kan yashi. Haka take ɗaukar ɗanyen man da ya malala, da ledar da aka jefa a kwata a Onica ko Lakwaja, wadda Kogin Kwara ya kai teku.

Ma'anar kalmomi

Tozo: tudun da ke bayan raƙumi ko sa.
Kwari: wuri mai gangare tsakanin tuddai biyu.
Gaɓa: bakin kogi ko teku.
Zango: a asali, wurin da ayari ke sauka, ko tafiyar da ke tsakanin masauki biyu.
Masunci: mai sana'ar kamun kifi, jam'insa masunta.
Taru: babbar ragar kamun kifi.
Nawa: rashin sauri.
A gicciye: ta gefe, ba a miƙe ba.

Nazarin harshe

Ku dubi waɗannan: igiyar ruwa, taguwar ruwa, raƙumin ruwa, tozon igiya, igiyoyin teku. Idan kalmar farko mace ce mai ƙarewa da wasalin "a", mahaɗinta -r ne. Idan namiji ce ko jam'i, mahaɗinta -n ne. Wasalin ƙarshe kaɗai ba ya isa hujja: ruwa da wata duk da "a" suka ƙare, amma maza ne, shi ya sa muke cewa ruwan teku, watan Agusta.

Tambayoyi

1. Me tsumman da aka ƙulla a igiya ya nuna mana game da igiyar ruwa?
2. Bambanta tsayin igiya da tsawonta.
3. Wata igiya tsawonta mita 100, zangonta daƙiƙa 8. Mita nawa take yi a daƙiƙa ɗaya?
4. Me ya sa teku yakan yi ruri a Legas ko da babu iska?
5. Bayyana yadda katangun 1908 zuwa 1912 suka shafi Bar Beach.
6. Da waɗanne alamu ake gane wurin da ruwa ke komawa teku da ƙarfi? Me ya kamata wanda ya ɗauka ya yi?
7. Don me ake samun hamada da kifi mai yawa a gefen kwarara ɗaya?
8. Sa mahaɗin da ya dace: gaɓa … teku; kifi … ƙanƙara; iska … damina; masunta … Gana.

Jinga

Ku tambayi wani dattijo a gidanku ko unguwarku sunayen da harshenku na gida yake ba igiyar ruwa, da cikar teku, da janyewarsa. Ku rubuta sakin layi biyu da Hausa kuna bayyana asalin ma'anar kowane suna, ku kwatanta shi da na Hausa. Waɗanda ke kusa da teku ko babban kogi su tsaya a tudu, tare da wani babba, su ƙirga igiyoyi nawa suke fashewa a cikin minti ɗaya, su yi haka sau uku, su lissafa zangonsu, su kawo wa malam sakamakon a darasi mai zuwa.